Muhawara: Tallafin masu 'ya'ya a Amurka, wai sai da aiki ake ba ka?

Abban Sadiq, Kano: Assalamu alaikum 'yan zaure. Mutanenmu na Amurka ku zo ku raba mana gardama. Wani maƙwabcin shagona ya dage cewa a can mace na haihuwa gwamnati za ta yanka mata albashi, kowane yaro da kasonsa har ya girma. Wani kuma ya ce babu wannan zance, ko sisi ba a ba ka sai ka nuna kana aiki. Wanne za mu kama?

Malam Tafinta, Bronx: Wa alaikumus salam. Na biyun ya fi kusa da gaskiya, amma na farkon ma ba daga sama ya tsinto maganar ba, labarin da yake ba ku. Tun 1935, zamanin Shugaba Roosevelt, akwai tallafin kuɗi na yaran gidajen da ba su da hali, wanda daga baya aka sani da AFDC. A wancan tsarin, in dai kin cika sharuɗɗa haƙƙinki ne, kuma babu wa'adi matuƙar akwai yaro ƙarami a gidan. Ranar 22 ga Agusta 1996 Bill Clinton ya sa hannu a dokar da ta rushe shi, bayan sau biyu yana mayar wa majalisa da irinta. Aka kawo wanda ake kira TANF. Yanzu ba haƙƙin kowa ba ne. Kuɗin tarayya ba ya wuce wata 60 a duk tsawon rayuwar babba, ko a jere ko a rarrabe, kuma sai da aiki ko abin da suka yarda ya tsaya a madadin aiki: awa 30 a mako ga uwa ita kaɗai, awa 20 in tana da yaron da bai kai shekara 6 ba, awa 35 in uwa da uba suna tare. Kullum ina fassara wa mutanenmu takardun nan, na haddace su.

Abban Sadiq, Kano: To nawa ake bayarwa?

Malam Tafinta, Bronx: Kowace jiha da nata, har suna ma kowa da wanda ya laƙaba. A nan birnin New York, uwa da yara biyu, dala 789 a wata. A Arkansas dala 204. Mississippi ta yi shekara da shekaru a kan 170, sai a 2021 ta ɗaga zuwa 260.

Abban Sadiq, Kano: Dala 789? Malam ai wannan ya haura naira miliyan ɗaya! A haka kuke kuka?

Hajiya Mai Kitso, Harlem: Abban Sadiq, bar buga lissafi da naira, ba a Kurmi ake kashe kuɗin ba. Cikin 789 ɗin nan, 400 ce aka ware da sunan haya. Zo ka nemo mini ɗaki da falo na dala 400 a Bronx, ni zan biya maka kuɗin jirgi. Ko ɗakin da samari huɗu ke kwana bi da bi ya fi haka.

Alhaji Mai Tasi, Columbus: Ni dai ina bayan dokar nan, ko za a jefe ni. Muna kan titi dare da rana, ƙanƙara ko zafi, ana yankar haraji a guminmu. Sai a ɗauka a ba wa mai lafiya garau yana zaune gaban talabijin? Annabi (SAW) ya ce hannun sama ya fi hannun ƙasa. A nan Ohio wata 36 suke bayarwa, sai in akwai uzuri mai ƙarfi a ƙara maka, kuma na ga matan da wa'adin nan ya tasa daga zaman kashe zani suka kama aikin kamfani, yau suna da motarsu. Da an bar su da tsohon tsari da har yanzu suna layi.

Ɗan Jami'a, Minneapolis: Alhaji, ranka ya daɗe, maganarka tana da ƙafa, bari ma in taya ka da alƙaluma kafin in saɓa maka. Bayan dokar, matan da ke rainon yara su kaɗai sun shiga aiki sosai, kuma talaucin yara ya sauka daga kashi 20.5 cikin 100 a 1996 zuwa 16.2 a 2000. Masu goyon bayan dokar da wannan suke kafa hujja har gobe. Sai dai a shekarun nan tattalin arzikin Amurka yana tashe, rashin aikin yi ya sauka har wajen kashi 4, kamfanoni na neman ma'aikata ido rufe. Sannan a 1993 an faɗaɗa EITC, wato kuɗin da hukumar haraji ke ƙara wa mai ƙaramin albashi in ya cike takardun harajinsa. Abu uku suka haɗu lokaci guda, masana har yau suna jayayya kan wanne ya fi tasiri. Gwajin gaskiya ya zo a 2008 da tattalin arziki ya karye. Masu karɓar katin abinci sun tashi daga wajen miliyan 26 a 2007 zuwa sama da miliyan 47 a 2013. TANF kuwa ɗan motsi kawai ya yi. Tallafin da aka ɗaure da aiki, ranar da aiki ya ɓace a gari ranar ce aka fi buƙatarsa, ranar ce kuma ya kasa.

Alhaji Mai Tasi, Columbus: Kai yaro, raguwar masu karɓa ai ita ce nasarar. Ko so kake su ƙaru?

Ɗan Jami'a, Minneapolis: Da talakawan ne suka ragu daidai da haka, da na yi shiru, Alhaji. A 1994 gidaje miliyan 5 da ɗoriya ke karɓa, yanzu wajen miliyan ɗaya ne. Amma cibiyar bincike ta CBPP da ke Washington ta auna da yawan matalautan kansu: a 1996, cikin kowane gida 100 na matalauta masu yara, 68 na samun tallafin. A 2020, 21 ne kacal. Sauran suna nan da talaucinsu, rajista ce kawai ba ta san da su ba.

Maman Ilham: Salam. Ina ta karantawa, na ce bari in sa baki tunda ni na ci kuɗin nan, ba labari aka ba ni ba. Lokacin da aurena ya mutu ina da yara biyu, ƙaramar ba ta shiga makaranta ba, don haka awa 20 aka ɗora mini. Alhaji, wallahi babu zaman talabijin. Abin da suka fara sa ni shi ne zaman neman aiki: wani ɗaki mai kwamfutoci a jere, ka sa hannu in ka shiga, ka sa hannu in za ka fita, kana ta cike fom na kamfanonin da ba za su kira ka ba. Akwai wata takarda da ake rubuta awanni, duk ranar Juma'a sai an sa mata hannu an miƙa. Takardar nan a cikin leda nake ajiye ta tare da fasfo, don in ta ɓace awannin sun ɓace. Bas biyu nake hawa, in fara sauke yarinya gidan reno, in juyo. Wata rana wasiƙar ganawa da jami'ar da ke riƙe da fayil ɗina ta iso akwatin gidanmu bayan ranar ganawar ta wuce. Wata na kamawa na sa kati a na'ura na ga an zaftare kuɗin. Na kai musu ambulan da hatimin gidan waya a jiki, da ƙyar aka maido, amma kafin nan mai gida ya riga ya manna mini takarda a ƙofa.

Alhaji Mai Tasi, Columbus: Allah ya kyauta. Amma ƙanwata, ga shi kin fita, kina aikinki. Ba tsarin ne ya tura ki ba?

Maman Ilham: Na fita, alhamdulillah, ina aikin kula da tsofaffi a gidajensu. Amma Yaya Alhaji, tun kafin su ce in yi aiki nake son aiki. Abin da ya ɗaure ni yarinya ce, wa zan bar wa? A gida da kaka ko maƙwabciya ta karɓe ta, a nan reno kuɗi ne masu ciwo. Ranar da suka amince za su biya kuɗin reno, ranar na samu ƙafa. Wannan kam na gode musu. Wanda ban yafe ba shi ne karatu. Na so in yi karatun jinya sosai, aka ce karatun sana'a wata 12 kawai ake ƙirgawa a matsayin aiki, kuma jami'ar ta fi son in kama duk abin da ya samu yau yau. Na kama. Albashin farko na shiga, tallafin ya fara zagwanyewa.

Malam Tafinta, Bronx: Abin da Maman Ilham ta faɗa game da jami'ar nan, ba lallai muguntarta ba ce, ita ma da abin da ake auna ta. Doka ta ce wa kowace jiha: rabin gidajen da ke rajista su cika awanninsu, kashi 90 cikin 100 in gida mai uwa da uba ne, in ba haka ba a rage miki kuɗi. Amma akwai rangwame: duk yadda kika rage yawan masu karɓa, haka ake sassauta miki wannan ma'auni. To ku duba. Uwa mai ciwon baya ko wadda ba ta jin Turanci, in tana rajista tana ja wa jiha maki ƙasa. In an sallame ta, jiha ta ci riba sau biyu. Shekara da shekaru ba a tambayar jiha ko matar ta samu aikin kirki bayan ta fita, awa ake ƙirgawa. Sai a dokar 2023 aka yarda jihohi biyar su gwada auna kansu da samun aiki da albashin waɗanda suka fita.

Abban Sadiq, Kano: To in mutane sun ragu haka, ina kuɗin ke tafiya? Ko gwamnati ta rage kasafin?

Ɗan Jami'a, Minneapolis: Nan ne gizo ke saƙar. Tarayya tana ba jihohi dunƙulen kuɗi, wajen dala biliyan 16.5 a shekara, kuma tun 1996 ba a ƙara ko kwabo ba, hauhawar farashi ya cinye kusan rabin ƙimarsa. Dunƙulen nan ba ya raguwa don masu karɓa sun ragu, rarar ta jiha ce. Manufofin dokar kuma huɗu ne masu faɗi, har da rage haihuwa ba aure da ƙarfafa zaman uwa da uba tare, don haka kusan komai ana iya cusa shi ciki. Abin da ke isa hannun iyalai a matsayin tsabar kuɗi bai wuce ɗaya bisa huɗu ba. Michigan ta daɗe tana biyan tallafin karatun jami'a da shi. Tennessee an gano a 2019 ta tara sama da dala miliyan 700 ba ta kashe ba. Na Mississippi kuwa ya fi muni. A 2020 mai binciken kuɗin jihar, Shad White, ya tono badaƙala, aka lissafa wajen dala miliyan 77 da aka karkatar. Miliyan 5 sun tafi ginin zauren ƙwallon raga a wata jami'ar jihar. An biya tsohon ɗan wasa Brett Favre dala miliyan 1.1 kan jawabai da tallace-tallace, ya maido kuɗin daga baya, kuma ba a tuhume shi da laifi ba. Shugaban hukumar jin ƙai na lokacin, John Davis, ya amsa laifinsa a kotu a 2022. Duk wannan a lokacin da uwa mai yara biyu ke karɓar 170.

Abban Sadiq, Kano: Inna lillahi! Ashe ba mu kaɗai ba. Mu ma nan an yi na naira 5,000 zamanin Buhari, aka zo aka yi alƙawarin 25,000 na wata uku ga gidaje miliyan 15 a 2023, kafin a je ko'ina aka dakatar da ministar jin ƙai a Janairun 2024. Bambancin dai ku naku har an kai wani kotu ya amsa.

Hajiya Mai Kitso, Harlem: Ni abin da ya fi tsaya mini a rai ba ku taɓo shi ba. Maman Ilham, ba su ce sai kin kawo sunan uban yara ba?

Maman Ilham: Anti, kin taɓo inda ke ciwo. Sharaɗi ne. Sai kin ba da sunansa da inda yake aiki, su bi shi kuɗin ciyar da yara, in kin ƙi a yanke miki aƙalla kashi ɗaya bisa huɗu, wasu jihohin ma duka. Takardar kotu na isa hannunsa waya ta fara ruri daga gida. Mahaifiyata tana kuka, wai na kai uban 'ya'yana ƙara wurin Turawa, dangin sa suna cewa na tona asiri. Na rasa yadda zan fahimtar da su cewa ba ni na kai shi ba. Abin takaicin, kuɗin da ake cirewa a albashinsa ba duka ke zuwa wurina ba, jiha ke riƙe mafi yawa ta fanshe abin da ta ba ni. Shi yana ganin ina cin kuɗinsa, ni ina ganin ɗan abin da aka sammini.

Malam Tafinta, Bronx: Haka dokar take, mai karɓa tana sallama wa jiha haƙƙin kuɗin ciyarwar muddin tana rajista. New York tana miƙa wa uwa har dala 100 in yaro ɗaya ne, 200 in biyu ne ko fiye. Colorado tun 2017 take miƙa duka. Amma mata ku riƙe wannan: wadda ta gudo daga duka ko barazana tana iya neman a ɗauke mata sharaɗin, kada tsoro ya hana ta faɗa. Da yawa ba su san da shi ba saboda ba a cika yi musu bayani ba sai sun tambaya.

Baƙon Greensboro: Gafara dai manya, sabon zuwa ne ni, daga Damagaram. Wani ya ba mu shawara wai matata ta je ta rubuta cewa ba miji a gidan, tunda aurenmu na masallaci ne babu shi a takardar gwamnati, wai an fi saurin ba mace ita kaɗai. Ya kuke gani?

Malam Liman: Ɗana, kada ka soma. Ƙarya ce, da sa hannu a ƙarƙashin rantsuwa, kuma abin da aka ci ta wannan hanya ba halal ba ne ko da daga baitulmalin wanda ba Musulmi ba ne. Ka shigo ƙasar mutane da amana. Sannan ka yi tunanin abin da kake koya wa yaran da za a ce su ɓoye cewa ubansu na kwana a gida. Neman taimako ga mabuƙaci ba abin kunya ba ne, Alhaji ma da ya kawo hadisin hannun sama ya san an halatta wa wanda talauci ya kama ya nema. A nema da gaskiya, in an samu alhamdulillah, in ba a samu ba jama'ar masallaci suna nan, zakka ma don irin wannan aka wajabta ta.

Malam Tafinta, Bronx: Allah ya gafarta Malam, ka gama magana, bari in ƙara ta fuskar doka. Ba takardar aure suke dubawa ba, wanda ke zaune a gidan suke dubawa, kuma da zarar ta ce babu miji za a buɗe maka fayil na kuɗin ciyarwa, kai da kanka ka jawo. In aka gano, za a biya kuɗin baya, ana iya gurfanar da ita, kuma tabon zai bi ku har wurin neman takardun zama. Ƙari kuma, tunda sabon zuwa ne kai: wanda ya shigo bayan 22 ga Agusta 1996, ko da katin zama na dindindin, sai ya shekara 5 kafin ya cancanci kuɗin tarayya na TANF. An ɗauke wa 'yan gudun hijira da waɗanda aka ba mafaka wannan jira. Wasu jihohin suna cike giɓin da kuɗinsu, wasu ba sa yi. Yaron da aka haifa a nan ɗan ƙasa ne, ana iya buɗe fayil da sunansa shi kaɗai, kuma irin wannan fayil ba ya cin wata 60 ɗin. Amma tallafin tsabar kuɗi yana cikin abin da jami'an shige da fice ke dubawa in za su yanke ko mutum zai zame wa gwamnati nauyi, ƙa'idar kuma tana sauyawa da sauyin gwamnati, an canza ta a 2019, aka sake a 2022. Kafin ku sa hannu a komai ku ga lauyan shige da fice, akwai ƙungiyoyin da ke yi kyauta.

Alhaji Mai Tasi, Columbus: Na ji duk bayananku. Satar Mississippi da riƙe kuɗin uban yara ban goyi baya ba. Amma ku faɗa mini gaskiya, in aka cire sharaɗin aiki gaba ɗaya, mutane za su fita nema?

Ɗan Jami'a, Minneapolis: An ɗan gwada, Alhaji. Daga Yuli zuwa Disamba 2021 gwamnati ta riƙa tura wa iyaye dala 300 a wata kan kowane yaron da bai kai 6 ba, 250 kan mai 6 zuwa 17, ko kana aiki ko ba ka yi. Wannan ne ma ya fi kama da abin da maƙwabcin Abban Sadiq ya ji. Hukumar ƙidaya ta ce talaucin yara ya faɗo zuwa kashi 5.2 a shekarar. Majalisa ba ta sabunta ba, a 2022 ya koma 12.4. Binciken da aka yi a watannin bai nuna iyaye sun watsar da aiki ba.

Alhaji Mai Tasi, Columbus: Wata shida ne fa. Wa zai ajiye aikinsa saboda kuɗin da ya san zai ƙare kafin sabuwar shekara? A yi shi shekara goma mu gani.

Ɗan Jami'a, Minneapolis: Wannan kam ka kama ni, masana da dama ma haka suka ce, wata shida bai isa a yanke hukunci ba.

Hajiya Mai Kitso, Harlem: Ku bar gardamar masana, ni tambayar aiki gare ni. Yaran shagona masu kitso, kuɗin hannu ake ba su, babu takardar albashi. Wadda ke da takardun zama in ta nema, ya za a ƙirga mata awa? Kai ɗaya na ƙananan kitso yana cin awa shida, wani takwas, tana tsaye.

Malam Tafinta, Bronx: Hajiya, mai sana'ar kanta ba tsayuwarta ake ƙirgawa ba. Yawanci ribar da ta nuna ake rabawa da mafi ƙarancin albashi na tarayya, dala 7.25 a awa, wanda bai motsa ba tun 2009. In ta nuna ribar dala 145 a mako, awa 20 ke nan, ko da ta yi arba'in a tsaye. Don haka ta samu littafi tana rubuta kowane kai da kuɗinsa da abin da ta kashe na gashi da mai. Littafin nan zai yi mata amfani a wani wurin da ya fi TANF tsoka, wato EITC da Ɗan Jami'a ya ambata. Na shekarar haraji ta 2024, mai yara uku yana iya samun har dala 7,830 a dunƙule, babu zaman ɗakin kwamfuta, babu wa'adin wata 60. Sharaɗinsa a yi aiki, a bayyana abin da aka samu, kuma uwa da yaran su kasance da lambar Social Security, mai lambar ITIN, wato lambar biyan haraji ta wanda ba shi da Social Security, ba ya samun na tarayya.

Hajiya Mai Kitso, Harlem: To masu cike takardun harajin nan ai su ma yanka suke yi.

Malam Tafinta, Bronx: Akwai na kyauta, shirin VITA, a ɗakunan karatu da cibiyoyin unguwa, daga ƙarshen Janairu. Su tafi da littafin da katin lambar kowane yaro. Kuma ki gaya musu doka ta hana a saki kuɗin EITC kafin tsakiyar Fabrairu, kada wani ya ruɗe su da bashin "karɓi yau" ya zaftare musu kaso.